Ƙaho da Ƙafar Matafiyi a Kudancin Katsina

Ƙaho yana cikin tsofaffin hanyoyin jinya a ƙasar Hausa, kuma a kudancin Katsina, daga Ƙetare da Ƙanƙara har zuwa Faskari da Sabuwa, shi aka daɗe ana fara nufa idan jiki ya yi nauyi ko ƙafa ta ƙi tafiya. Aikin wanzamai ne, gadonsa ake yi daga uba zuwa ɗa. Cikin larurorin da ake kai musu akwai wani ciwon ƙafa mai halin kansa. Mutum yana zaune lafiya lau, ya tashi ya kama hanya, bai yi nisa ba sai sha-raɓarsa ta ɗaure kamar an matse ta. Ya tsaya ɗan lokaci ciwon ya sake shi, ya ci gaba da tafiya ya sake kama shi, kusan a daidai tazarar da ya kama shi da farko. Likitoci a yau sun san cewa ƙarancin jinin da ke isa ga tsokar ƙafa ne ke kawo haka. Kafin wannan sani ya iso, an shafe ƙarnuka ana yi wa irin wannan ƙafa magani da aska da ƙahon sa.

Wannan yanki shi ne masana tarihi irin su Yusufu Bala Usman suka yi bayaninsa da sunan Katsina Laka, ƙasa mai damshi da albarkar noma, mai tsofaffin garuruwa irin su Maska da Gozaki da Pauwa da Kogo. Har yau hakimin Ƙanƙara sarautar Sarkin Pauwan Katsina yake riƙe da ita, na Ƙetare kuma Kanwan Katsina. Doki na sarakuna da attajirai ne, jaki kuwa kaya ake ɗora masa mai shi ya bi shi a ƙasa. Saboda haka kusan duk abin da talaka zai samu a rayuwa da ƙafarsa yake zuwa ya same shi. Manomi ya yi sammako zuwa gonar daji, mace ta ɗauko itace da ruwa, ɗan koli ya zaga kasuwannin mako ɗaya bayan ɗaya da kaya a ka. Masu dogon zango su ne fataken goro, Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari, waɗanda a ƙarni na 19 suke bin madugu zuwa Salaga a ƙasar Gwanja, tafiyar da ke cin watanni kafin a je, a kuma ci wasu watannin kafin a dawo. A irin wannan zama, wanda ƙafa ta gaza masa ya fita daga sahun masu nema, kuma gidansa ne zai fara jin abin a tukunya.

Cututtukan ƙafa da mutanen da suka fi sani su ne waɗanda ido ke gani. Kurkunu ne babbansu, domin da damina yake kwantar da majiya ƙarfi, daidai lokacin da gona ke neman hannu. Ƙidayar da aka yi a 1988 zuwa 1989 ta sami fiye da mutum 650,000 masu ɗauke da shi a Najeriya, kuma sai a 2013 Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar da cewa ƙasar ta rabu da shi. Akwai gyambo da tundurmi da kuturta da shan-inna, ga faso da kaushi na lokacin hunturu, ga karaya da targaɗe da ake kai wa maɗori. Kowanne da alamarsa a fili. Ciwon da ke zuwa da tafiya ya tafi da hutu kuwa ba shi da kumburi, ba shi da ƙurji, mai shi ma idan ya zauna a gaban mai magani babu abin da zai nuna. Don haka aka jefa shi cikin manyan rukunan da ake zuba duk ciwon da ba a gani. Wasu su ce sanyi ne ya shiga ƙashi, wasu su ce mataccen jini ne ya taru, idan abin ya ƙi jin magani kuma a fara zancen an taka wani abu da aka binne a hanya. Mafi yawan lokuta ma tsufa ake ɗora wa laifin, a ce wa dattijo ya rage yawo.

Mataccen jini shi ne fagen wanzami. Yakan zo da zabirarsa a rataye, cikinta da asake da 'yar tsaga da dutsen wasa aska da ƙahonin sa da aka yanke aka fafe, kowanne da 'yar ƙofa a tsininsa. An fi son yin aikin da hantsi ko da la'asar, sa'ad da rana ba ta da zafi ƙwarai. Mai ciwo ya zauna a tabarma ya miƙe ƙafa, wanzami ya shafa ruwa a wurin, ya kifa ƙaho, ya sa baki a tsinin ya zuƙe iskar ciki, sa'an nan ya toshe ƙofar da guntun jijiya ko kakin zuma da ke bakinsa. Ƙahon ya kama fata ya tsaya da kansa. Bayan wurin ya taso ya yi tudu, sai ya cire, ya yi 'yan tsage ƙanana a jere, ya mayar da ƙahon ya sake zuƙa. Idan ya ɗaga a karo na biyu, jini ne baƙi-baƙi mai guda-guda, ya juye shi a ƙasa ko a sakaina ya nuna wa mai ciwo, ya ce, "Ka ga abin da ke hana ka tafiya, Baba." A rufe jinin da ƙasa, a shafa magani a tsagar, a sallami wanzami da kuɗi ko hatsi. Inda ƙaho bai yi ba akwai balli-balli, wato ƙananan tsage da ake cusa wa garin magani, akwai kuma lalas, inda ake ɗora ƙarfe mai zafi a wurin ciwo.

Wanzami ba baƙo ba ne a gidan da yake yi wa wannan aiki. Shi ya yi wa yaran gidan askin suna, shi ya cire musu beli, shi ya yi wa mazan kaciya, kuma a gari akwai Sarkin Aska da ke shugabantar masu sana'ar. Wannan kusanci ne ya ba maganarsa nauyi. Addini kuma ya ƙara mata ƙarfi, domin ya tabbata a hadisan Bukhari da Muslim cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, an yi masa ƙaho kuma ya biya mai yin ladansa, wasu ruwayoyin ma sun ambaci ranakun 17 da 19 da 21 ga watan Musulunci. Malaman jihadi sun kula da ilimin magani, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya rasu a 1837, ya bar rubuce-rubuce da dama a kansa. Ƙasar Malumfashi, maƙwabciyar Ƙanƙara ta gabas, tana cikin wuraren da aka fi nazarin jinyar gargajiyar Hausawa. Murray Last ya zauna cikin Maguzawan yankin a farkon shekarun 1970, Lewis Wall kuma ya yi nasa binciken a can daga baya, littafinsa ya fito a 1988. Abin da Last ya lura da shi, ya kuma rubuta a 1981, shi ne mai ciwo bai cika damuwa da bayanin musabbabi ba. Yakan gwada wanzami da boka da malam da asibiti bi da bi, wanda Allah ya sa aka dace a hannunsa shi ne mai magani.

Sanin yadda jini ke zagaya jiki ya zo ne daga wata hanya dabam. Ibnun Nafis, likitan da ya yi aiki a Alƙahira ya rasu a 1288, shi ya fara bayyana cewa jini yana bi ta huhu kafin ya koma ɓangaren hagu na zuciya. A 1628 William Harvey na Ingila ya nuna cewa zuciya tura jini take yi ta wasu jijiyoyi zuwa gaɓoɓi, ya dawo mata ta wasu. Ciwon ƙafar nan kuwa a jikin dabba aka fara gane shi. A 1831 wani likitan dabbobi a birnin Paris mai suna Bouley ya ba da labarin wata goɗiya mai jan keken doki, wadda take ɗingishi idan ta yi gudu, ta warware idan ta huta. Da ta mutu aka buɗe ta, sai aka tarar jijiyoyin da ke kai jini ƙafafunta na baya sun toshe. A 1858 Jean-Martin Charcot ya bayyana irin wannan a jikin wani tsohon soja, daga nan ciwon ya shiga littattafan likitanci.

Abin da ke faruwa a cikin ƙafar ba shi da wuyar fahimta. Shekara da shekaru maiƙo da wasu sinadarai suna taruwa a bangon jijiyar da ke kawo jini daga zuciya, bangon ya yi kauri ya yi tauri, hanyar ta tsuke. Mai lambu ya san haka a magudanarsa: idan laka ta cike ta, ɗan ruwan da ke wucewa zai ishi fangali ɗaya, amma ranar da aka buɗe fangali goma sai shuka ta yi yaushi. Tsokar da ke hutawa jini kaɗan take buƙata, wadda ke tafiya kuwa tana neman ninkin-ba-ninkinsa domin iskar oksijin da yake ɗauke da ita. Idan bai iso ba sai ta ɗaure. Da an tsaya, ko ba a zauna ba, buƙatar ta ragu, ciwon ya lafa cikin mintunan da ba su cika wuce 10 ba. Inda toshewar take shi ke nuna inda za a ji zafin. Idan a cinya ce, sha-raɓa ke ciwo, idan can sama ce wajen ƙugu, sai a ji a cinya da mazaunai.

A nan ne ya kamata a yi wa wanzaman da adalci. Da suka ce matsalar ta jini ce, ba su yi nisa da gaskiya ba, kuma mutane da yawa masu ciwon baya da gajiyar tsoka suna shaidar samun sauƙi bayan ƙaho. Sai dai jinin da ƙaho ke fitarwa daga ƙananan jijiyoyin fata yake zuwa. Duhunsa na rashin oksijin ne, gudajinsa kuma daskarewar da kowane jini ke yi ne idan ya bar jijiya. Jijiyar da ta tsuke tana can ciki ƙarƙashin tsoka, inda zuƙar ƙaho ba ta kaiwa. Abin da ya fi wannan muni shi ne tsagar kanta. Rauni da jini yake warkewa, ƙafar da jini bai ishe ta ba kuwa 'yar tsaga ɗaya tana iya zama mata gyambon da zai yi watanni, ya ruɓe, yatsa ya yi baƙi. Lalas da gashi da ruwan zafi duk haɗarinsu ɗaya ne. Makamancin wannan ya sha faruwa a fagen ɗori, inda likitocin ƙashi a Zariya da Kano suka daɗe suna rubuta labarin yaran da aka ɗaure wa karaya da kara tamau har jini ya yanke, hannu ko ƙafa ta mutu, sai yankewa.

Ƙarni na 20 ya sauya tafiya da ci da sha a wannan yanki, ya kuma sauya irin ciwon da ƙafa ke gamuwa da shi. Jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, reshen da ya tashi daga Zariya ya bi ta Funtua ya kai Ƙauran Namoda a 1929. Fataucin goro ya koma kan dogo da mota, auduga ta zama abin nema, injinan gurzarta suka kafu a Funtua da Malumfashi, kuɗi suka shigo ƙauye. Taba ba sabuwa ba ce a ƙasar Hausa, tun 1607 Ahmad Baba na Tumbutu ya yi rubutu a kan hukuncinta, kuma an daɗe ana zuƙarta a lofe ana cin garinta da kanwa. Sigari ce ta zo da sabon salo, mai arha, ana sayar da ita kara-kara a kan tebur, ga masana'antarta da aka buɗe a Zariya a 1959, manoman Arewa kuma suna noma mata ganyen. Babu abin da ke lalata jijiyoyin ƙafa kamar hayaƙin taba. Tun 1908 Leo Buerger ya bayyana wata cuta mai toshe jijiyoyin hannu da ƙafa ta samari, wadda daga baya aka tabbatar kusan duk masu ita mashaya taba ne. Dokar taƙaita shan taba ta ƙasa ta fito a 2015, bayan al'adar ta riga ta yi shekaru tana cin jikin mutane.

Bayan taba sai ciwon suga da hawan jini da yawan maiƙo a jini, sai kuma shekaru, domin ciwon ya fi kama wanda ya haura 50. Sukari da lemon kwalba da farar shinkafa da soye-soye sun sami wuri a cimar da a da dawa da gero da ganye suka fi yawa a cikinta. Wani babban nazari da aka wallafa a 2013 ya ƙiyasta cewa a 2010 mutum kusan miliyan 202 ne ke da tsukewar jijiyoyin ƙafa a duniya, kuma wajen kashi 70 cikin 100 nasu a ƙasashe masu ƙarami da matsakaicin arziki suke.

Babur yana da nasa rabon a wannan labari, kuma rabon mai ban tsoro ne. Daga shekarun 1980 acaɓa ya fara yawa, a shekarun 2000 kuma babura masu arha na Sin da Indiya suka shiga kowane lungu, har ta kai zuwa masallaci ko bakin kasuwa ma sai an hau. Rashin motsa jiki yana ƙara cutar, wannan sananne ne. Amma akwai wani ɓangare da ba a cika faɗa ba: ciwon tafiya gargaɗi ne, kuma sai mai tafiya yake jin sa. Kakan da ke taka sayyadarsa daga Ƙetare zuwa kasuwar wani gari zai san ranar da ƙafarsa ta fara gazawa. Jikansa da ke kan babur yana iya kai wa shekaru jijiya na tsukewa bai sani ba, sai ranar da ƙusa ta soke shi raunin ya ƙi rufewa. Mai ciwon suga ya fi kowa shiga wannan tarko, domin cutar tana kashe jin ƙafa. Da sanyin hunturu ya miƙa ƙafa ga kaskon garwashi yana jin ɗumi, ta ƙone bai ji ba. A asibitocin koyarwa na Najeriya, ƙafar mai ciwon suga tana sahun gaba cikin dalilan yanke ƙafa waɗanda ba na haɗari ba.

Ba kowane ciwon ƙafa ne na jini ba, kuma rarrabewa ita ce aikin farko na likita. Ciwon gaɓoɓi a gwiwa ko ƙugu yake zama, yana da sanƙarewa da safe. Wanda ya taso daga ƙashin baya sai an zauna ko an sunkuya yake sauƙi, tsayuwa ba ta raba mutum da shi. Matsalar jijiyoyin da ke mayar da jini sama kumburi take kawowa da nauyi da yamma, ɗaga ƙafa kuma yana rage ta. Ƙafar da jini bai ishe ta ba tana da sanyi idan aka taɓa, gashinta ya zube, fatarta ta yi sheƙi, farcenta ya yi kauri, kuma idan aka ɗora yatsa a bayan idon sawu ko a gadon ƙafa ba a jin bugun jijiya sosai. Gwajin da aka fi dogara da shi mai sauƙi ne: a auna ƙarfin jini a hannu, a auna a idon sawu, a raba na ƙafa da na hannu. Idan sakamakon ya kasance 0.9 ko ƙasa da haka, akwai tsukewa. Idan cutar ta yi nisa, zafin yakan zo ko ana kwance, musamman da dare a yatsu, har mai shi ya riƙa sauko da ƙafar daga gado don ya sami barci. Wanda kuma ƙafarsa ta yi sanyi farat ɗaya, ta koɗe, ta mutu da zafi mai tsanani, sa'o'i kamar 6 ne tsakaninsa da rasa ta, ba a kwana da shi a gida.

Aikin tiyata a kan wannan cuta bai daɗe ba. A 1948 Jean Kunlin a Faransa ya ciro wata jijiya daga ƙafar majinyaci ya yi wa toshewar hanyar ratse da ita. Ranar 16 ga Janairu 1964 Charles Dotter a Amurka ya zura siririn bututu ya buɗe jijiyar cinyar wata tsohuwa 'yar shekara 82 da ta ƙi yarda a yanke mata ƙafa, ta kuwa koma tafiya. Irin wannan aiki sai manyan asibitoci, kuma ga mutumin Ƙanƙara ko Faskari ko Sabuwa hanyar takan fara daga babban asibitin Ƙanƙara ko na Funtua ko na Malumfashi, a tura shi manyan asibitocin Shika ko Katsina ko Kano. Amma mafi yawan masu ciwon ba sa buƙatar wuƙa. Abin da ake nema gare su shi ne barin taba gaba ɗaya, har da gari, daidaita suga da hawan jini, shan maganin rage maiƙo da na hana jini daskarewa irin su asfirin bisa umarnin likita, da kuma tafiyar kanta. Ana so mai ciwo ya yi tafiya har ciwon ya taso, ya tsaya ya lafa, ya ci gaba, na minti 30 zuwa 45, aƙalla sau 3 a mako, har tsawon wata 3. Da haka ƙananan jijiyoyi ke ƙara buɗewa, tsoka kuma ta koyi aiki da ɗan abin da take samu, tazarar da ake iya yi ta ƙaru. Shawarar da aka saba ba dattijo ta ya zauna ya huta ita ce ke ƙara naƙasa shi. Kaɗan ne cikin masu wannan ciwo ake kaiwa ga yanke musu ƙafa. Babban haɗarinsu bugun zuciya ne da shanyewar ɓarin jiki, domin abin da ya tsuke jijiyar ƙafa yana nan a ta zuciya da ta ƙwaƙwalwa.

Sana'ar ƙaho ba ta mutu ba, kama ta sauya. Tun da aka san ƙanjamau da ciwon hanta suna bin jini, wanzamai da yawa suka koma sabuwar reza ga kowane mutum, a birane kuma an buɗe wuraren hijama masu kofunan roba da famfon zuƙe iska maimakon baki. A ƙauyukan wannan yanki, inda rashin tsaro ya rufe hanyoyi ya kori ma'aikatan lafiya daga wurare da dama, musamman cikin shekarun da suka kewaye sace ɗaliban makarantar kimiyya ta Ƙanƙara a Disamban 2020, wanzami ya fi likita kusa da mai ciwo, kuma sau da yawa shi ne mutum na farko da ke riƙe ƙafar a hannunsa. Idan ya san ya tambayi ko ciwon da tafiya yake zuwa, ko mutumin yana shan taba ko yana da suga, ya kuma taɓa ya ji sanyin ƙafar da bugun jijiyarta, zai iya gane wadda bai kamata aska ta taɓa ba, ya tura mai ita babban asibiti mafi kusa a auna ƙarfin jinin idon sawunsa.